Amsoshin Wasiƙunku: An Kafa Mini Turken Safiyo A Cikin Gona

A wannan mako wasiƙu uku na ware, dukansu daga ƙasar Sabon Garin Zariya suka fito, kuma duka maganarsu ɗaya ce, wato maganar ƙasa. Ta farkon ita za ta fi cin mana lokaci, don kuwa akwai wuta a cikinta, kuma ina so mu kashe ta tun ba ta kama danga ba.

Wani dattijo ne daga Zabi ya sa aka rubuto masa, ya kuma roƙi a sakaya sunansa. Ya ce yana da gonar gado da yake nomawa tun yana saurayi. Maƙwabcinsa na gabas ya rasu, magada suka sayar da tasu gonar ga wani mai kuɗi daga cikin gari. Ran nan da rani sai aka wayi gari mai sayen ya kawo 'yan safiyo, sun yi awo, sun kafa turakun siminti. Da dattijon ya je dubawa sai ya tarar biyu daga cikin turakun sun tsallake layin gambar da ke tsakanin gonakin tun zamanin iyaye, sun shigo cikin tasa da kunya shida, har wata ɗorawa da yake kaɗa kowace shekara ta koma ɓangaren mai saye. Da ya yi magana, aka ce masa aikin gama ya gama, takarda ta riga ta fita. 'Ya'yansa samari sun ce su dai a bar su su tumɓuke turakun da dare. Tambayarsa ita ce, shin da gaske ne in aka kafa turken safiyo magana ta ƙare?

To Baba, amsa a taƙaice ita ce a'a, magana ba ta ƙare ba. Amma kafin mu shiga bayani, don Allah ka riƙe yaran nan. Kada wanda ya taɓa turken nan. Dalili na farko, tumɓuke turken safiyo ko gusar da shi laifi ne a doka. Yau kai ne mai ƙorafi, gobe in suka taɓa shi kai ne za ka koma bin 'yan sanda kana neman belin 'ya'yanka, maganar kunya shida kuwa a ajiye ta gefe guda. Dalili na biyu, wahalar banza ce. Kowane turke yana da lamba a kansa, kuma lambar nan tana rubuce a kan taswirar awon, tare da lissafin da ke nuna ainihin inda aka kafa shi. Awon ƙasar nan gaba ɗaya an ɗaure shi da wani tushe da ke kusa da Minna, yanzu kuma ga na'urori masu karɓar saƙo daga tauraron ɗan'adam. Ko ka jefa turken a rijiya, ɗan safiyo zai dawo da na'urarsa ya mai da wani a gurbinsa, bai kuskure da taki ɗaya ba. Dalili na uku kuwa, turken nan shaidarka ce. Shi zai nuna wa duk wanda ya zo duba wurin iyakar inda aka shigo maka. Wa ke ɓatar da shaidarsa da hannunsa?

Yanzu bari mu fahimci aikin ɗan safiyo, don nan ne mutanenmu da yawa suke ruɗewa. Ɗan safiyo ma'auni ne, ba alƙali ba ne. In mutum ya ɗauke shi aiki, zai ce masa nuna mini iyakarka. Inda aka nuna masa nan zai auna, nan zai kafa turke, shi zai zana a takarda. Taswirar da zai bayar tana cewa ne, ga wurin da wane ya nuna mini ya ce nasa ne, ga faɗinsa, ga tsawonsa, ga girmansa. Ba ta cewa wane ya yi gaskiya. Kamar mai awon hatsi ne a kasuwa. In ka kawo masa buhu zai gaya maka tiya nawa ce a ciki, amma ba shi zai gaya maka ko dawar ta sata ce ba. Saboda haka tambayar da ya kamata ka fara yi ita ce, wa ya nuna wa 'yan safiyon nan iyaka ranar da suka zo? In magada ne, yara ne da suka tashi a gari, watakila ba su taɓa riƙe fartanya a gonar ba. In dillali ne, to shi kam kowace kunya da aka ƙara la'adarsa ce ta ƙaru. Kuma me ya sa ba a kira ka ba, alhali kai ne maƙwabci? Awon kirki ba a yinsa a bayan idon maƙwabta.

Wani zai ce, kunya shida har wani abin tada jijiyar wuya ce? To bari mu yi ɗan lissafi irin na 'yan firamare. Kunyar hannu ɗaya kusan ƙafa 3 ce, kunya shida ƙafa 18 ke nan. A ce tsawon gefen gonar ƙafa 300 ne. In ka ninka 18 sau 300 za ka sami murabba'in ƙafa 5,400. Fulotin da ake yankawa na ƙafa 50 da ƙafa 100 kuwa murabba'in ƙafa 5,000 ne. Kun ga ashe abin da manomi ke kira kunya shida, mai yanka fili fuloti guda yake kiransa, har da ɗoriya. Shi ya sa abin da iyayenmu kan yafe wa juna da dariya yanzu ya zama abin zuwa kotu. Da ana lissafin gona da damin dawa ne, yanzu ana lissafinta da ƙafa. Tunda mun shiga lissafi, ku riƙe wannan ma: eka ɗaya murabba'in ƙafa 43,560 ce, wato fuloti takwas da 'yan kai tun ba a fitar da hanya ba. Hekta ɗaya kuma ta kusa eka biyu da rabi. Duk wanda zai sayar da gona bai san wannan ba, dillali ne zai san masa.

Sai maganar takardar da aka ce ta fita. Baba, ka nemi a nuna maka ita, don takarda suna ta tara. Akwai takardar ciniki da ake rubutawa a zauren mai unguwa ko dagaci, shaidu su sa hannu. Akwai taswirar awo mai ɗauke da sunan ɗan safiyo da sa hannunsa da hatiminsa. Ita ma a duba, domin tun 1989 akwai majalisar da ke rajistar 'yan safiyo a ƙasar nan, ana kiranta SURCON, kuma wanda ba ya cikin rajistarta ba shi da ikon sa hannu a taswirar fili. Yaron da ya zo da wayar hannu yana danne-danne yana cewa ya ɗauki awo ba ɗan safiyo ba ne, wayar nan takan yi kuskuren taki da yawa. Sa'an nan akwai babbar takarda, wato satifiket ɗin izinin zama a fili mai sa hannun gwamna, wanda mutanen birni ke kira si-of-o. Sau da yawa in aka ce maka takarda ta fita, in ka matsa sai ka tarar ta farko ce ko ta biyu.

To a ce ma ta ukun ce. Nan ne zan ɗan koma baya, don ku san inda dokar ta samo asali. Tun 1910 Turawan mulki suka kafa doka cewa ƙasar Arewa tana ƙarƙashin ikon gwamna ne, yana riƙe da ita don amfanin 'yan ƙasa. Gwamnatin Jihar Arewa ta sabunta wannan a dokarta ta 1962. Sa'an nan a ranar 29 ga Maris, 1978, gwamnatin soja ta Janar Obasanjo ta kafa Dokar Amfani da Ƙasa wadda ta game Nijeriya duka, kuma aka cusa ta cikin tsarin mulki, har a na 1999 tana nan. Abin da ta ce shi ne, ƙasar kowace jiha amana ce a hannun gwamna. Filayen da aka ayyana a matsayin birni gwamna ke ba da izininsu kai tsaye, na karkara kuma ƙaramar hukuma na da ikon ba da izinin gargajiya. Amma ga inda ya shafe ka, Baba. Dokar ba ta kori manomi daga gonarsa ba. Ta ce wanda yake riƙe da gona yana nomanta kafin ranar da aka kafa dokar, zai ci gaba da riƙonta kamar dai an ba shi izini, ko da ba shi da ko ƙyallen takarda. Wato kai ma mai izini ne a idon doka, kuma naka ya riga nasa.

Kotun Ƙoli ta ƙasa ta riga ta yi magana a kan irin wannan. A wata shari'a daga ƙasar Yarbawa, tsakanin Ogunleye da Oni, a shekarar 1990, ta yanke cewa satifiket ba ya haifar wa mutum haƙƙin da ba shi da shi tun farko. In aka ba wani satifiket a kan filin da wani yake da haƙƙinsa, kuma ba a soke haƙƙin na farkon ta hanyar doka ba, kotu na iya ture satifiket ɗin. Magadan maƙwabcinka ba za su sayar da abin da ubansu bai mallaka ba. In gonarsa ta tsaya a gamba, cinikinsu ma a gamba ya tsaya, kome yawan hatimin da aka buga daga baya.

Kada dai jin wannan ya sa ka miƙe ƙafa. Mai takarda yana da rinjaye a farkon zance, kai ne za ka kawo abin da zai karya ta. Tun 1976, a shari'ar Idundun da Okumagba kan wani fili a Warri, Kotun Ƙoli ta jera hanyoyi biyar da mutum ke tabbatar da fili nasa ne. Akwai tarihin gado, wato wa ya sari dajin, wa ya gada, har ya iso hannunka. Akwai takardu. Akwai ayyukan mai abu, irin su noma da ba da aro da haya da cin amfanin itatuwa shekara da shekaru. Akwai daɗewa da riƙon wurin ba mai tsangwama. Akwai kuma mallakar filin da ke manne da wanda ake gardama a kai. Ɗaya ma in ta tsaya da ƙafarta ta isa. Kai kuwa in abin da ka rubuto haka yake, ina ganin huɗu a hannunka, takarda kaɗai ka rasa.

Ɗorawar nan da ka ambata, kada ka raina ta. Wa ke kaɗa ta? Matan gidan wa ke yin daddawa da kalwarta? Wa aka taɓa roƙo kafin a sassaƙi ɓawonta? Duk ƙauyen sun sani. Haka gambar. Iyayenmu da suka dasa gamba da jema da bini-da-zugu da dashi a kan iyaka ba ado suke yi ba, safiyonsu ke nan. Kuma gamba ko an sare ta, ko an sa mata wuta, tushenta na nan a ƙasa, ruwan farko zai tona asirin inda take. Abin da nake tsoro shi ne a kawo tarakta a bi ta kai a birkice wurin. Saboda haka tun yau ka sa yaran nan, maimakon aikin dare, su yi aikin rana. Su ɗauki hoton gambar da ɗorawar da turakun da wayarsu, a ga lambar kowane turke, a ga kuma yadda suke da juna.

Sa'an nan ka tafi wurin mai unguwa da dagaci, ka nemi a fito a taka iyaka. A kira magada, a kira mai saye, a kira maƙwabtan kudu da na arewa, a kira Sarkin Noma, da duk wani tsoho da ya taɓa yin gayya ko ƙwadago a ɗaya daga cikin gonakin nan biyu. Wanda ya yi shekara ashirin yana huɗa a gona ya san inda yakan juya da garma. Ni a nawa ganin, sau da yawa mai sayen nan ba mugu ba ne, shi ma nuna masa aka yi. Mutumin da ya zuba kuɗinsa yana son ya yi gini ba ya son shari'ar shekara goma. In ya ga dattawa shida sun tsaya a kan gamba sun ce nan ne, zai fi masa sauƙi ya koma kan waɗanda suka sayar masa su rage masa kuɗi. In an daidaita, kada a tashi da fatiha kaɗai. A rubuta, kowa ya sa hannu ko ya dangwala, dagaci ya buga hatimi, a kuma dawo da ɗan safiyon ya gusar da turakun da hannunsa, ya gyara taswirar. In aka gyara a ƙasa ba a gyara a takarda ba, an ajiye wa jikoki rigima ne kawai.

In kuwa an ƙi, to sai hakimi, in ta faskara sai hukuma. A Jihar Kaduna tun dokar 2015 harkar rajistar filaye da satifiket tana hannun hukumar KADGIS. Ka sa a rubuta maka takardar ƙorafi zuwa gare ta, a ambaci lambobin turakun, a ce akwai jayayya a kan iyakar, ka kuma riƙe kwafin da aka buga wa hatimin karɓa. In satifiket bai riga ya fita ba, ka ga ka sanar da masu fitar da shi tun da wuri. Maganar kotu kuma, a nan ne za ka bukaci lauya ko wani masani, domin ba kowace kotu ke da hurumin kowane fili ba. In filin na da satifiket ɗin gwamna, Babbar Kotun Jiha ce kaɗai ke da hurumi. In gonar karkara ce ta gargajiya, ƙananan kotuna na iya saurare. Akwai kuma wani rami da mutanenmu ke yawan faɗawa. Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'a huruminta a tsarin mulki ya tsaya ne a kan irin su aure da gado da kyauta da wasiyya da waƙafi. Rigimar iyaka tsakanin maƙwabta ba ta ciki. Mutane sun sha yin shekaru suna shari'a, su yi nasara, a je sama a ce tun farko an shiga ƙofar da ba ita ba, a koma a sake sabon lale.

Abu ɗaya kuma, ruwa na sauka ka shuka kunyoyin nan shida kamar yadda ka saba, sai fa in kotu ce ta ce kowa ya dakata. Ba da faɗa ba, ba da gori ba. A shari'ar Musulunci da ta Bature duka, wanda abu ke hannunsa ya fi wanda ke nema sauƙi, mai da'awa shi ke da nauyin kawo hujja. In ka janye ka bar wurin shekara biyu uku har aka zagaye shi da bulo, kai ka koma mai nema.

Su kuma magadan, in suna jina, ina tuna musu abin da malamai ke karantar da mu kullum, cewa Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya yi gargaɗi mai tsanani a kan cin ko da taƙi ɗaya na ƙasar wani, da kuma a kan gusar da alamar iyaka. Wannan ba sai na tsawaita ba.

Jama'a, wannan abu da ya sami dattijon nan ba a kansa aka fara ba, kuma duk mai gona a kewayen Zariya ya kwana da shirinsa. Ku dubi yadda garin ya yi ta tafiya. Jirgin ƙasa ya iso wajen 1911, aka yanka Sabon Gari fuloti-fuloti. A 1922 aka buɗe gonar gwaji a Samaru. A 1962 Jami'ar Ahmadu Bello ta kafu, a 1964 makarantar koyon tuƙin jirgin sama ta biyo, ga barikin soja na Basawa, ga sauran makarantu da cibiyoyin bincike. Kowace ɗaya ta ci gonaki, kowace ɗaya kuma ta jawo ma'aikata masu neman wurin gini. A tsakiyar shekarun 1960 wani Bature masanin tattalin arzikin noma, David Norman, da ke aiki a cibiyar binciken noma ta Samaru, ya zaɓi ƙauyuka uku don ya nazarci yadda manoma ke aiki, wato Ɗan Mahawayi da Doka da Hanwa. A lokacin Hanwa ƙauye ne na manoma da masu shanu. Yau wanda ya je Hanwa ya ce a nuna masa gonakin da aka auna a wancan bincike, sai dai a nuna masa gidaje da shaguna. Abin da ya ci Hanwa shi ne ya doso Zabi da Bomo da Basawa. Ba a tare gari da hannu, amma ana iya shirya masa. Shawarata ga masu gonaki a jere ita ce ku haɗa kuɗi, ku biyar ko ku goma, ku ɗauko ɗan safiyo mai rajista ya auna muku gaba ɗaya rana ɗaya, kowa na tsaye, tun dattawan da suka san iyaka suna da rai, tun kuna gaisawa da juna. Ya fi araha, kuma turken da maƙwabta biyu suka kafa tare ba ya tashi da dare.

Wasiƙa ta biyu daga wata Hajiya ce mai sayar da atamfa a kasuwar Samaru. Ta ce ta yi adashi shekara uku ta sayi fuloti, an ba ta takardar mai unguwa, da ta kai yashi sai ta tarar wani ya riga ya zuba harsashi, shi ma da tasa takardar, kuma mutum ɗaya ne ya sayar musu. Hajiya, sannu, Allah ya mayar da alheri. A ƙa'ida wanda ya riga saye shi ke da fili, domin bayan cinikin farko mai sayarwa ba shi da sauran abin sayarwa. Sai ki duba kwanan watan takardun biyu, ki nemi shaidun cinikinki. In ke kika riga, ki yi hanzarin kai ƙara a dakatar da ginin tun bai kai linta ba. In shi ya riga ki, to ki bar fili ki bi kuɗinki, kuma sayar da abu ɗaya ga mutum biyu zamba ce, hukuma na kama mutum a kanta.

Ga sauran masu niyyar saye kuwa, takardar mai unguwa shaida ce cewa an yi ciniki a gabansa, ba ta wuce nan ba. Ba ta gaya miki ko gwamnati ta riga ta karɓi wurin tun shekaru talatin da suka wuce, ko yana cikin filin wata makaranta, ko hanya za ta bi ta kai. Mutanen Zariya ba su manta da watan Oktoba na 2021 ba, lokacin da hukumar tsara birane ta KASUPDA ta rushe gidaje masu yawa a unguwar Graceland bisa cewa filin na kwalejin jiragen sama ne, mazauna wurin kuwa suna cewa da kuɗinsu suka saya kuma suna da takardu. Ba ni zan raba wannan gardama a nan ba, amma ta isa ta nuna mana cewa bincike kafin biya ake yinsa. A kai lambobin awon wurin ga KADGIS a tambaya ko akwai sunan wani a kai. A kuma sani cewa dokar 1978 ta ce sayar da fili mai satifiket sai da amincewar gwamna, na gargajiya kuma sai da ta hukuma, har ma ta hana a yanka tsohuwar gonar karkara fuloti-fuloti haka kawai. Na san ana yi kullum, amma ranar da magana ta je gaban alƙali, abin da ke rubuce zai duba. Kuma in gwamnati ta karɓi fili don aikin jama'a, diyyar da doka ta tanada ta abin da ke kan filin ce, wato gini da shuka da itatuwan amfani. Mai fuloti fayau wanda bai aza kome ba, abin da zai samu ba ya taka kara ya karya.

Ta ukun gajera ce, daga wani matashi a Bomo. Ya ce mahaifinsa ya ba wani aron gona shekara ashirin da biyar da suka wuce, yanzu duka biyun sun rasu, 'ya'yan mai aron sun ce ai hauzi ya ba su. To ɗan'uwa, hauzi gaskiya ne. A mazhabar Malikiyya, kamar yadda ya zo a littattafai irin su Risala da Tuhfa, in wani bare ya riƙe fili shekara 10 yana yin abin da mai abu ke yi da shi, mai filin na gari yana gani, ba abin da ya hana shi magana kuma bai yi ba, to ba za a saurari da'awarsa ba daga baya. Tsakanin dangi kuwa malamai sun tsawaita wa'adin, alƙalanmu kan yi aiki da shekara 40, saboda kara da ke tsakanin 'yan'uwa. Amma hauzi ba ya hawa kan aro, ba ya hawa kan jingina ko haya ko amana. Abin da aka shiga da izinin mai shi, daɗewa ba ta mai da shi mallaka. Aikin da ke gabanka shi ne ka tabbatar aron ne. Wa ke wurin ranar da aka bayar? Akwai ɗan abin da suke kawo wa mahaifinka bayan girbi, ko dami ɗaya ne, ko kwandon gyaɗa? In akwai wanda ya taɓa ganin an kawo, ka riƙe shi da kyau. Wannan damin da ake ganin kamar gaisuwa ce, tsofaffi sun san abin da ya sa suka ɗora shi, shi ne ke tuna wa kowa mai gona duk shekara. Ka je wurin waɗannan shaidu a makon nan, ka kai su gaban dagaci a rubuta abin da suka sani, domin ka ce ƙaraminsu ya haura saba'in.

Lokaci ya yi mana halinsa. Akwai wasiƙu biyu a kan burtali da labin shanu da aka nome a wajen Basawa, su za mu fara ɗauka a mako mai zuwa in Allah ya kai mu. Mai rubuto mana a kan rigimar fili ya riƙa faɗin ko gado ne ko saye ko aro, da shekarun da wurin ya yi a hannunsa, don amsa ta fi zama daidai. Baba na Zabi kuma, a rubuto mana yadda aka ƙare da dagaci. Ku huta lafiya.